Tarihin Yosano Akiko (1878–1942): ɗiyar mai alewa da ta zama uwar mawaƙan Japon

A cikin matan da suka riƙe alƙalami a ƙasar Japon, kaɗan ne sunansu ya kai na Yosano Akiko. Ta bar waƙoƙi wajen dubu 50, ta haifi ƴaƴa 13, da ita aka kafa wata makaranta a Tokiyo, kuma sau biyu tana mayar da babban littafin hikayar ƙasarta cikin harshen da talaka yake ji. Amma abin da ya sa sunanta ya ƙetare teku shi ne waƙa guda da ta yi wa ƙanenta a shekarar 1904, lokacin da Japon take yaƙi da Rasha. Mai karatu ya lura, mutanen Japon sunan gida suke fara faɗi kafin sunan mutum: Yosano sunan gidan mijinta ne, Akiko kuwa sunan da ta zaɓa wa kanta ne na rubutu.

Ƙuruciya a bayan kanti

An haife ta ran 7 ga watan Disamba 1878 a Sakai, wani tsohon birnin fatake da ke bakin teku kusa da Osaka. Birnin ya daɗe da yin suna wajen ƙirar wuƙaƙe, kuma a nan aka haifi Sen no Rikyu, babban malamin al'adar shan shayi ta Japon. Iyayenta sun raɗa mata suna Sho, sunan gidansu kuwa Ho. Ubanta yana da wani tsohon kanti da ake kira Surugaya, inda ake sayar da wata irin alewa mai suna yokan, wadda ake yi da jan wake da sukari.

Uban ɗa namiji ya so. Da aka ce masa ɗiya ce, ransa ya ɓaci, har aka kai jaririyar gidan wata ƴar'uwa ta yi shekarunta na fari a can. Sai da aka haifi ƙanenta Chuzaburo a 1880 hankalin uban ya kwanta, daga baya aka maido ta gida.

A lokacin shekara goma ke nan da juyin mulkin 1868, wanda ya mayar da iko hannun Sarki Meiji. Sabbin mahukunta sun ƙudura su cim ma ƙasashen Turai, saboda haka a 1872 suka kafa dokar da ta ce kowane yaro, namiji da mace, ya shiga makaranta. Amma karatun da aka tanadar wa ɗiya mace gajere ne, manufarsa ta zama matar kirki kuma uwa mai hikima, ta tsaya nan. A gidan su Akiko ma haka aka yi rabon. Wanta Hidetaro an tura shi Tokiyo, ya yi karatu mai zurfi har ya zama malamin ilimin lantarki a babbar jami'ar ƙasar. Ita kuwa ta yi makarantar ƴan mata ta Sakai, kuma tun tana wajen shekara goma sha biyu aka tsayar da ita a kanti, tana awon alewa, tana naɗewa, tana riƙe littafin lissafi. Ba a barinta ta fita ita kaɗai.

Sai dai uban mutum ne mai son tara littattafai. In dare ya yi an rufe kanti, yarinyar sai ta ɗauko tsofaffin littattafan ta yi ta karatu a ɓoye. Babu malamin da ya zauna ya koya mata tsohon harshen fada na shekaru ɗari tara da suka wuce. Da maimaici ta gane shi, har ta iya karanta Hikayar Genji, wadda wata mata mai hidima a fada mai suna Murasaki Shikibu ta rubuta a farkon ƙarni na 11, littafi mai babi 54. Abin da ta tara a waɗannan darare shi ya zama jarinta har ƙarshen rayuwarta.

Gamzaki da Hargitsattsen Gashi

Irin waƙar da Akiko ta fi ƙwarewa a kai ita ake kira tanka. Waƙa ce ƴar gajeruwa mai gaɓa 31, an raba ta kashi biyar: 5, 7, 5, 7, 7. Wanda ya san baitin ƙwar biyar zai gane siffarta, amma tanka ba ta da amsa-amo, kuma baiti guda shi ne waƙar gaba ɗaya. Fiye da shekara dubu ana yin ta a Japon, har ta tsufa a hannun mawaƙan fada, kullum zancen wata da furanni da kaka, da kalmomin da aka gada.

A 1899 wani saurayin mawaƙi, Yosano Hiroshi, wanda aka fi sani da Tekkan, ya kafa ƙungiyar sabunta waƙa a Tokiyo. A 1900 ya fara buga mujalla mai suna Myojo, wato Gamzaki. Akiko ta riƙa aika waƙoƙinta daga Sakai ana bugawa. A watan Agusta na shekarar Tekkan ya zo yankin Osaka yin lacca, suka haɗu. Tare da ita akwai wata ƙawarta mawaƙiya, Yamakawa Tomiko, kuma dukansu biyu zuciyarsu ta karkata gare shi, alhali yana da mace da ɗa. Tomiko iyayenta suka yi mata aure da wani, daga baya tarin fuka ya kashe ta a 1909. Akiko kuwa a watan Yuni 1901 ta bar gidan ubanta ba da yardar kowa ba, ta tafi Tokiyo. Tekkan ya rabu da matarsa, suka yi aure kafin ƙarshen shekarar. Wannan al'amari ya jawo mata zargi mai yawa, wanta Hidetaro ma ya yanke zumunci da ita.

A watan Agusta 1901 littafinta na fari ya fito, Midaregami, wato Hargitsattsen Gashi, mai waƙoƙi 399. Sunan kansa tsokana ne, domin a al'adar lokacin matar kirki gashinta a ɗaure yake tsaf. A cikin littafin budurwa ce take magana da bakinta kan soyayya, da ƙuruciya, da jikinta, ba tare da ta sunkuyar da kai ba. Dattawan masu sharhi suka ce rashin kunya ne. Samari da ƴan mata kuwa suka haddace shi. Tun daga ranar tanka ta sake sabuwar rayuwa, kuma masana adabin Japon har yau suna lissafa wannan littafi cikin waɗanda suka buɗe zamanin waƙar zamani.

Waƙar ƙane, 1904

A watan Fabrairu 1904 yaƙi ya ɓarke tsakanin Japon da Rasha a kan wa zai mallaki Koriya da Manchuriya. Rashawa suna riƙe da wata tashar jiragen ruwa mai ganuwa a gaɓar ƙasar Sin, wadda Turawa suke kira Port Arthur. Daga watan Agusta rundunar Janar Nogi ta kewaye ta, ana tura soji bi da bi su hau tuddai a gaban manyan bindigogi. Kafin garin ya faɗi a farkon Janairu 1905, Japon ta yi asarar soji kusan dubu 60 tsakanin matattu da masu rauni. Janar Nogi kansa ƴaƴansa biyu maza sun mutu a wannan yaƙi.

Chuzaburo yana cikin waɗanda aka ɗauka soja. Shekararsa 24, bai daɗe da yin aure ba, uban ya rasu a 1903, shi ne magajin kanti, uwarsu kuma tana takaba da tsufa. Akiko ta ɗauka yana cikin masu kewaye Port Arthur. A fitowar Gamzaki ta watan Satumba 1904 ta buga wata doguwar waƙa tana roƙonsa kada ya ba da ransa. Ta tuna masa da renon da iyaye suka yi masa, da amaryar da ya bari, da gidan fatake wanda ba shi da gadon kashe-kashe. Abin da ya fi tayar da ƙura shi ne ta ambaci Sarki, ta nuna shi da kansa ba ya zuwa fagen fama. A ƙasar da ake ɗaukar Sarki jinin alloli, ake kuma koya wa yara cewa mutuwa dominsa ita ce babbar daraja, wannan magana ba ƙarama ba ce.

Wani sanannen mai sharhi, Omachi Keigetsu, ya rubuta a mujallar Taiyo cewa wannan ra'ayi haɗari ne ga ƙasa, daga baya har ya kai ga kiranta maciyiya amana wadda ta cancanci hukunci. Akiko ba ta janye ba. A watan Nuwamba ta ba shi amsa da buɗaɗɗiyar wasiƙa. Ta nuna cewa son ƙasarta bai gaza na kowa ba, amma aikin waƙa shi ne faɗin abin da ke cikin zuciya da gaskiya. Ta kuma ce duk wanda ya je tashar jirgin ƙasa ya ga ana rakiyar soji, zai ji uwaye da mata suna yi musu fatan dawowa lafiya, abin da ta rubuta ke nan. Hukuma ba ta kama ta ba. Chuzaburo ya dawo da ransa, ya ci gaba da riƙon kanti, ya rayu har 1944.

Uwar gida mai ciyar da gida

Tauraron Tekkan ya fara dushewa a daidai lokacin da nata yake hawa. Gamzaki ta tsaya a 1908 bayan fitowa ta 100. Daga nan nauyin gidan ya koma kan Akiko. Cikin ƴaƴa 13 da ta haifa, 11 suka girma, kuma da alƙalami ta ci da su: tana zaɓen waƙoƙin masu karatu wa jaridu, tana rubuta sharhi, da labaran yara, tana yin lacca. Ta rubuta kan zafin naƙuda da tsoron mutuwa a kan gwiwa filla-filla.

Da ta ga baƙin ciki yana neman ya karya mijinta, sai ta tara masa kuɗin tafiya Turai, har da sayar da waƙoƙinta da ta rubuta da hannunta a kan labulen takarda. Ya tashi a ƙarshen 1911. A watan Mayu 1912 ita ma ta bi shi, ita kaɗai, ta jirgin ƙasan da ke ratsa Saiberiya har zuwa Paris. Sun ziyarci Ingila, da Beljiyam, da Jamus, da Ostiriya. A Faransa sun gana da shahararren masassaƙin nan Auguste Rodin, kuma ɗan da ta haifa a 1913 sunansa ta sa masa. Kewar ƴaƴanta ta sa ta koma gida kafin shekara ta ƙare, amma abin da ta gani na matan Turai suna aiki suna yawo ba mai tsare su ya zauna mata a rai.

Tun kafin tafiyar, a watan Satumba 1911, wata matashiya mai suna Hiratsuka Raicho ta fara buga Seito, mujallar adabi wadda mata suke rubutawa suke kuma gudanarwa. Waƙar Akiko aka sa a farkon fitowa ta ɗaya, tana bushara da farkawar mata. A lokacin doka ta hana mace ko halartar taron siyasa, sai a 1922 aka sassauta. Amma matan biyu sun saɓa a 1918, a wata muhawara da ta ɗauki watanni a mujallu. Raicho tana ganin wajibi ne gwamnati ta tallafa wa uwaye da kuɗi lokacin ciki da goyo, tunda ƙasa suke haifa wa ƴaƴa. Akiko ta ce macen da ta dogara ga gwamnati ba ta bambanta da wadda ta dogara ga miji ba, gara a ba ta ilimi da sana'a ta tsaya da ƙafarta kafin ta yi aure. Ta ukunsu, Yamakawa Kikue, ta ce dukansu sun bar jaki suna dukan taiki, domin muddin ba a gyara tsarin aiki da albashi ba, talakar mace ba za ta amfana da ko ɗaya ba. Ana iya cewa Akiko ta auna sauran mata da ƙarfin da ita take da shi, wanda ba kowa aka ba ba. Duk da haka tambayar da suka tayar ba ta tsufa ba.

Makaranta da gobara

A 1921 ita da mijinta da wani attajiri mai zanen gine-gine, Nishimura Isaku, suka buɗe makarantar Bunka Gakuin a Tokiyo. An fara da ƴan mata, ba da jimawa ba aka haɗa da maza, abin da ba a saba gani ba a makarantun gaba da firamare na Japon. Babu tufafin makaranta na dole, kuma manyan marubuta da masu zane su ne malamai. Akiko ta koyar da adabi, ta kuma shirya littattafan karatu.

Aikin da ya fi cin ranta shi ne Hikayar Genji. Harshen littafin ya yi nisa da na zamani ƙwarai, sai malamai suke iya karanta shi. Tsakanin 1912 da 1913 ta fitar da fassararta ta fari cikin harshen yau da kullum, wadda ta taƙaita wasu wurare. Ta kuma shiga rubuta cikakken sharhin littafin, ta yi shekaru fiye da goma a kansa, ta ajiye takardun a makaranta. Ran 1 ga watan Satumba 1923 babbar girgizar ƙasa ta auka wa Tokiyo da Yokohama, gobara ta biyo baya, mutum fiye da dubu 100 suka hallaka. Makarantar ta ƙone, takardun Akiko dubbai suka zama toka.

Wani da nan zai ajiye alƙalami. Ita kuwa bayan wasu shekaru ta sake ɗaukar littafin daga babi na ɗaya. Tana cikin aikin mijinta ya rasu da ciwon huhu a watan Maris 1935, ta dakata, sa'an nan ta ci gaba. Sabuwar fassarar ta fito cikin juzu'i shida tsakanin 1938 da 1939. A bincikenta ta kai ga ra'ayin cewa kashin ƙarshe na hikayar ɗiyar Murasaki ce ta rubuta shi, ra'ayin da masana suke ta tattaunawa a kai. Har yau ana buga wannan fassara ana karantawa.

Shekarun yaƙi na biyu

Tarihi na gaskiya ba ya ɓoye tabo. A 1928 kamfanin jirgin ƙasa na Kudancin Manchuriya, wanda shi ne hannun daman mulkin mallakar Japon a arewacin Sin, ya gayyaci Akiko da mijinta yawon ganin ƙasa. Suna cikin wannan tafiya, a watan Yuni, wasu hafsoshin Japon suka tayar da bam a ƙarƙashin jirgin Zhang Zuolin, shugaban sojan yankin, suka kashe shi. A 1931 sojan Japon suka mamaye Manchuriya, a 1932 aka gwabza a Shanghai. A shekarar Tekkan ya ci gasar wata jarida da waƙar yabon wasu soji uku da suka mutu da nakiya a hannu, Akiko ma ta rubuta waƙoƙin jinjina wa mayaƙa, ta kuma goyi bayan abin da ƙasarta take yi a Sin. Yaƙin ya faɗaɗa a 1937, ya jawo wa mutanen Sin mutuwar miliyoyi. Bayan harin Pearl Harbor na Disamba 1941, ɗanta mai sunan Rodin yana hafsan sojan ruwa, ta yi masa waƙa tana ƙarfafa shi ya yi jarumta.

Yaya aka yi matar da ta roƙi ƙanenta kada ya mutu ta zo tana yi wa ɗanta kirarin yaƙi? Masana sun rabu. Wasu sun ce zamani ne ya sake, domin a shekarun 1930 hukuma ta matse bakin marubuta, masu ƙin yaƙi suna gidan kaso. Wasu sun ce tun asali Akiko mai son Sarki da ƙasa ce, kuma waƙar 1904 kukan ƴar'uwa ne kan ɗan'uwanta, ba ta taɓa zama aƙidar ƙin kowane yaƙi ba. Wasu kuma suna ganin tafiyar Manchuriya ta sa ta kalli mamayar da idon masu masaukinta. Ko wanne ne daidai, abin lura shi ne mai basira ma yana iya bin guguwar zamaninsa, kuma wahalar da ta gani a fuskar uwarta a 1904 ba ta hango ta a fuskar uwayen Sin ba.

A watan Mayu 1940 jini ya tsinke mata a ƙwaƙwalwa, ɓarin jikinta ya shanye. Ta yi shekara biyu tana jinya, tana rubutu da fensir in ta samu sauƙi. Ta rasu ran 29 ga watan Mayu 1942 tana da shekara 63, aka binne ta a maƙabartar Tama kusa da mijinta. Hankalin jama'a yana kan labarin fagen fama, rasuwarta ba ta yi amon da ya kamata ba.

Abin da ya biyo baya

Ba ta ga ƙarshen yaƙin ba. A 1943 hukuma ta rufe Bunka Gakuin, ta kama Nishimura bisa zargin raina Sarki. A watan Maris 1945 jiragen Amurka suka ƙone gabashin Tokiyo a dare guda, a watan Yuli wuta ta ci tsakiyar Sakai, garin haihuwarta. Bam ɗin nukiliya ya faɗa Hiroshima ran 6 ga Agusta, Nagasaki ran 9, Japon ta ba da kai ran 15. A lokacin ne mutanen da suka binne ƴaƴansu suka koma ga waƙar 1904, aka shigar da ita littattafan makaranta, aka fassara ta cikin harsuna da dama. Mata sun samu ƴancin jefa ƙuri'a a ƙarshen 1945, kuma a zaɓen Afrilu 1946 mata 39 suka shiga majalisa. An sake buɗe makarantar bayan yaƙi, ta yi aiki har 2018. Jikanta Yosano Kaoru ya riƙe muƙamin ministan kuɗi a 2009. A Sakai an kafa dutsen tunawa a inda kantin ubanta yake, kuma a 2015 birnin ya buɗe gidan tarihi da sunanta tare da na Sen no Rikyu.

Wanda ya dubi rayuwar wannan mata daga farko zai ga inda kome ya faro: ɗiya ce da ubanta bai yi murna da haihuwarta ba, aka tura wanta jami'a aka tsayar da ita awon alewa. Abin da ya raba ta da dubban ƴan matan da suka tsufa a bayan kanti ba a san sunansu ba shi ne ta iya karatu, kuma akwai littattafai a gidan da take iya miƙa hannu ta ɗauka.